Littattafan Koyon Gina Manhajar Kwamfuta da Gurbin Hausa a Cikinsu: Misali daga Ƙasar Pauwa

Tsakure

Maƙalar ta yi bayani kan littattafan da ake koyon gina manhajar kwamfuta da su, musamman salon gini mai dogaro da abubuwa da kuma manhajojin intanet na manyan ma'aikatu. An kasa fitattun littattafan fannin gida uku, aka auna su da halin da ɗalibin ƙasar Pauwa yake ciki. Maƙalar ta nuna cewa Ingilishin da kwamfuta take tilasta wa mai gini ɗan kaɗan ne, kuma wahalar tana cikin dogon bayanin da ke kewaye da shi. Wannan bayani ne Hausa za ta iya ɗauka, kuma masana Hausa suna da kayan aikin da ake buƙata tun daga nazarin nahawu.

Fitilun Kalmomi: manhaja, salon abubuwa, keɓaɓɓun kalmomi, haruffa masu lanƙwasa, Pauwa

1.0 Gabatarwa

A watan Satumba na shekarar 2021 aka katse layukan sadarwa a ƙananan hukumomi 13 na Jihar Katsina saboda matsalar tsaro. Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa suna cikinsu, kuma katsewar ta ɗauki watanni. Kafin wannan, a ranar 11 ga Disamba 2020, an sace ɗalibai sama da 300 daga Makarantar Sakandaren Kimiyya ta Gwamnati da ke Ƙanƙara, lamarin da ya sa aka rufe makarantun kwana na jihar na wani lokaci. Waɗannan ƙananan hukumomi uku suna kudu maso yammacin jihar, wajen iyaka da Zamfara da Kaduna, sunan ƙasar Pauwa kuma ya wanzu cikin sarautar Hakimin Ƙanƙara, wato Sarkin Pauwa.

Matashin wannan yanki da ke karatun kimiyyar kwamfuta, ko a Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma, ko Jami'ar Umaru Musa 'Yar'adua ta Katsina, ko Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, idan ya koma gida ya tarar babu sabis, ya rabu ke nan da bidiyon darussa da duk wani bayani da ke kan intanet. Abin da ya rage masa shi ne littafin da ke hannunsa, na takarda ko wanda ya riga ya adana a waya. Tambayar da maƙalar ta sa gaba ita ce: wane irin littafi ne zai iya koyar da wannan ɗalibi shi kaɗai, kuma wane gurbi Hausa za ta cike a cikinsa?

2.0 Salon Abubuwa da Manhajojin Ma'aikatu

Manhaja jerin umarni ce da ake rubuta wa kwamfuta da wani keɓaɓɓen yare. A tsohon salo, mai gini yakan rubuta umarnin mataki bayan mataki, bayanan da ake aiki a kansu kuma suna ajiye a gefe, kowane sashe na manhajar yana iya taɓa su. Idan manhaja ta girma, gyara wuri ɗaya yakan ɓata wani. Salon abubuwa ya zo da wata dabara: a kalli aikin a matsayin taron abubuwa, kowanne yana riƙe da bayanansa da ayyukan da yake iya yi, suna aika wa juna saƙo.

Ole-Johan Dahl da Kristen Nygaard ne suka aza harsashin salon a birnin Oslo na ƙasar Norwe, da yaren Simula 67 na shekarar 1967. Alan Kay da abokan aikinsa suka faɗaɗa shi da yaren Smalltalk a cibiyar binciken kamfanin Xerox ta Amurka cikin shekarun 1970. Bjarne Stroustrup ya shigar da shi yaren C, aka sami C++, wanda littafinsa na farko ya fito a 1985. Sai kamfanin Sun Microsystems ya fitar da Java a 1995 ƙarƙashin jagorancin James Gosling.

Manhajojin manyan ma'aikatu kuwa su ne irin waɗanda bankuna da jami'o'i da asibitoci suke gudanar da aikinsu da su, misali shafin rajistar ɗalibai ko tsarin biyan albashi. Mutane da yawa suna amfani da su lokaci guda, bayanansu suna daɗewa, kuskure a cikinsu kuma yana jawo asarar kuɗi ko haƙƙi. Galibi ana gina su hawa uku: fuskar da mai amfani yake gani a burauza, da dokokin aikin ma'aikatar da ke gudana a uwar garke, da rumbun bayanai. Sun Microsystems ya fitar da tsarin J2EE domin irin wannan gini a 1999.

3.0 Rukunan Littattafan

Rukunin farko shi ne na masu farawa. A ciki akwai Java How to Program na Paul da Harvey Deitel, mai shafi sama da dubu, da Thinking in Java na Bruce Eckel wanda ya fito a 1998, da Head First Java na Kathy Sierra da Bert Bates na 2003, wanda ya dogara da hotuna da raha. Akwai kuma Objects First with Java na David Barnes da Michael Kölling, wanda yake tafiya tare da wata ƙaramar manhajar koyarwa mai suna BlueJ. Wannan manhaja tana zana abubuwan a allon kwamfuta, ɗalibi ya ƙirƙiri abu, ya ba shi umarni, ya ga sakamako tun bai iya dogon rubutu ba.

Rukuni na biyu na waɗanda suka iya yaren ne, suna neman ƙwarewa wajen tsari. Mafi shahara shi ne Design Patterns na 1994, wanda Erich Gamma da Richard Helm da Ralph Johnson da John Vlissides suka rubuta, inda suka tattara dabarun tsari 23 da magina suke maimaitawa. Effective Java na Joshua Bloch, na 2001, shi ma yana nan.

Rukuni na uku ya shafi manhajojin ma'aikatu kai tsaye. Martin Fowler ya wallafa Patterns of Enterprise Application Architecture a 2002. A shekarar ne kuma Rod Johnson ya fitar da Expert One-on-One J2EE Design and Development, littafin da tsarin Spring ya tsiro daga cikinsa. A 2003 Eric Evans ya wallafa Domain-Driven Design, wanda za a sake komawa kansa a gaba.

Duk waɗannan littattafai da Ingilishi aka rubuta su, kuma an rubuta su ne domin mai karatun da ke da wutar lantarki da intanet a kowane lokaci.

4.0 Inda Littattafan Suke Barin Ɗalibin Pauwa

4.1 Nauyin Harshe

Kalmomin da yaren Java ya keɓe wa kansa kimanin 50 ne, na Python kuma 35. Kalmomi ne irin su class da new da if da return, kuma ɗalibi zai iya haddace su cikin mako guda. Sauran shafukan littafin bayani ne na zube, inda marubuci yake ƙoƙarin dasa wani sabon tunani a kan mai karatu. Ɗalibin da Ingilishi yake harshensa na biyu yana ɗaukar kaya biyu ke nan a lokaci guda, na harshe da na tunani. Idan malami yana kusa, yakan sauke masa ɗaya ta hanyar maimaita bayanin da Hausa bayan an tashi daga darasi. Littafi ba ya yin haka. Sakamakon da ake gudu shi ne ɗalibi ya haddace ma'anar kalma domin jarrabawa, amma ya kasa gina komai da ita.

4.2 Misalai

Salon abubuwa da misali ake koyar da shi. Littafin Barnes da Kölling ya yi amfani da na'urar sayar da tikitin jirgin ƙasa, Head First Java ya yawaita misali da karnukan gida masu suna, littafin su Deitel kuma ya ɗauki na'urar cire kuɗi ta banki. Wannan na ƙarshe sananne ne a Funtuwa da Malumfashi, amma na farko baƙo ne ga mafi yawan yaran yankin. Amfanin misali shi ne ya ɗauki mai koyo daga abin da ya sani ya kai shi ga wanda bai sani ba. Idan misalin kansa yana buƙatar bayani, ya zama ƙarin kaya.

4.3 Dogaro da Intanet

Matsalar ta fi tsanani a rukuni na uku. Littattafan da ke koyar da Spring sukan fara da umartar mai karatu ya yi amfani da manhajar Maven ko Gradle, waɗanda suke sauko da ɗimbin kayan gini daga intanet a karon farko da aka tayar da aiki. Inda babu sabis, ɗalibi ba zai wuce babin farko ba. Alhali kuwa koyon gina manhajar intanet ba ya buƙatar intanet ɗin kanta. Kwamfuta ɗaya tana iya zama uwar garke, ta kuma zama mai neman bayani daga gare ta, sannan akwai ƙananan rumbunan bayanai irin su H2 da SQLite da ke aiki a cikin na'ura guda. Abin da ake buƙata kawai shi ne a tara kayan ginin tun farko a filashi, a raba shi tare da littafin.

4.4 Saurin Tsufa

Kamfanin Oracle ya sayi Sun Microsystems a 2010, ya kuma miƙa tsarin manhajojin ma'aikatu na Java ga gidauniyar Eclipse a 2017, aka sake masa suna Jakarta EE. A 2020 aka canja kalmar javax da ke farkon sunayen kayan tsarin zuwa jakarta. Spring Boot 3, wanda ya fito a ƙarshen 2022, ya bi wannan canji. Ɗalibin da ya kwafi misali daga littafin da ya girmi canjin zai ga kwamfuta ta ƙi karɓa, kuma idan babu mai gaya masa dalili, zai ɗora laifin a kan kansa. Littattafan tunani irin na Gamma da Fowler sun fi jure wa zamani, domin abin da suke koyarwa bai rataya a kan fitowar wata manhaja ba. Wannan darasi ne ga mai niyyar rubutu da Hausa: ƙarfinsa ya tafi kan tunanin da ke daɗewa, matakan girka manhaja kuma a ware su a ƙaramin ɗan littafi da za a riƙa sabuntawa.

5.0 Keɓaɓɓun Kalmomi: Gudummawar Nahawu

A 1983 Russell Abbott ya wallafa wata maƙala da ta ba da shawarar a fara tsara manhaja da rubuta bayanin aikin cikin harshen yau da kullum, sannan a tsamo sunaye da aikatau daga ciki. Grady Booch ya yaɗa dabarar, littattafan koyarwa da dama kuma suka ɗauke ta. Sunaye sukan zama abubuwa, aikatau su zama ayyukansu, siffofi su zama bayanan da suke riƙe da su. Abbott da Ingilishi ya yi nasa, amma babu abin da ya hana a yi da Hausa. A ɗauki wannan jimla a matsayin misali: manomi ya karɓi taki bashi daga ƙungiya, zai biya da masara bayan kaka. Manomi da taki da bashi da ƙungiya da masara su ne abubuwan da za a duba, karɓa da biya kuma su ne ayyukan. Duk ɗalibin da ya yi nahawun Hausa a sakandare zai iya wannan rarrabewa.

Daga nan ne zaɓen kalmomi yake farawa, kuma fassarar ƙamus kai tsaye tana da haɗari. Kalmar object a nahawu karɓau ce, amma a gina manhaja ba ta da alaƙa da karɓar aiki, don haka abu ya fi dacewa. Kalmar class kuwa tana nufin tsarin da ake fitar da abubuwa masu kama da juna daga gare shi. Jinsi ba za ta yi ba, domin manazarta nahawu sun riga sun keɓe ta ga namiji da mace. Aji ta fi, tun da an saba da azuzuwan kalmomi: kamar yadda suna yake aji, Audu da doki kuma 'yan ajin, haka Manomi yake aji a manhaja, kowane manomi da aka yi wa rajista kuma ɗan aji.

Kalmar gado tana buƙatar hattara. A salon abubuwa, wani aji yana iya ɗaukar duk siffofi da ayyukan wani, ya ƙara nasa, kuma a Java da kalmar extends ake nuna haka. Bahaushe idan ya ji gado, abin da ya fara zuwa masa shi ne mutuwa da rabon dukiya. A manhaja babu wanda ya mutu, babu kuma abin da aka raba. Ma'anar da ta dace ita ce ta gadon sana'a: ɗan maƙeri ya gaji ƙira alhali ubansa yana raye yana aiki, kuma yana iya ƙara wata fasaha da uban bai da ita. Littafin Hausa dole ya fayyace wannan a shafin da kalmar ta fara fitowa.

Akwai kuma ƙa'idar da ke hana sauran sassan manhaja taɓa bayanan abu sai ta hanyar da shi ya yarda, wadda kalmar private take tabbatarwa. Killacewa ta dace da ita. Misalinta ma'ajin ƙungiya ne: ɗan ƙungiya ba ya sa hannu a akwatin kuɗi da kansa, yana dai neman ma'aji ya karɓa ko ya fitar, shi kuma ya duba ƙa'ida kafin ya yi. Ƙa'ida ta huɗu ita ce umarni ɗaya ya sami aiwatarwa daban-daban gwargwadon abin da aka ba wa. Aikatau auna ya isa misali. Idan aka ce a auna masara, tiya za a ɗauko. Idan auduga ce, sikeli. Idan gona ce, igiya. Mai ba da umarni bai damu da wace hanya za a bi ba, kowane abu ya san tasa.

A ɓangaren manhajojin ma'aikatu, muhimmiyar ƙa'ida ita ce ciniki ya kammala gaba ɗaya ko ya warware gaba ɗaya. Duk wanda aka taɓa cire wa kuɗi a wurin mai POS ba su shiga asusun da aka tura ba ya san abin da ƙa'idar take karewa. Haka nan idan buhun taki ɗaya ya rage a sito, magatakarda biyu kuma suka sayar da shi a daƙiƙa guda daga kwamfutoci biyu, tilas manhaja ta tsayar da ɗaya.

Littafin Evans ya ƙara wa wannan hujja ƙarfi. Babban ra'ayinsa shi ne magina manhaja da masu sana'ar da ake gina wa su yi amfani da kalmomi iri ɗaya, a baki da cikin rubutun umarni. Idan dillalan hatsi na kasuwar Ɗandume ne masu sana'ar, kalmominsu su ne la'ada da tiya da buhu da ajiya. Wanda ya mayar da su Ingilishi kafin ya fara gini yana iya zubar da wani bambanci da su dillalan suke gani. Java da Python duka sun yarda a raɗa wa aji ko aiki suna da haruffan Hausa, har da masu lanƙwasa.

Aikin ƙirƙirar kalmomi ba sabo ba ne a fagen Hausa. Ƙamus na Keɓaɓɓun Kalmomi da Ɗalhatu Muhammad ya tace, wanda ya fito a 1990, ya daidaita kalmomin nazarin harshe da adabi, Ƙamusun Hausa na Jami'ar Bayero na 2006 kuma ya nuna cewa ana iya bayyana ma'ana da Hausa zalla. Irin wannan zama na haɗin gwiwa ake buƙata tsakanin sassan Hausa da na kimiyyar kwamfuta, kafin kowane marubuci ya ƙirƙiri nasa kalmomi su yi karo da juna.

6.0 Abin da Littafin Hausa Zai Koyar da Wasu Ba Su Koyar ba

Rubutun Hausa yana jawo wa manhaja matsaloli na musamman. Na farko, tsofaffin fitowar rumbun bayanai na MySQL suna zuwa da tsarin haruffan yammacin Turai, wanda ba shi da ɓ da ɗ da ƙ. Idan mai gini bai canja shi ba, sunan Ɗanjuma yana iya komawa alamar tambaya a gurbin harafin farko, ko rumbun ya ƙi karɓarsa. Sai a fitowa ta 8.0, a 2018, aka mayar da cikakken tsarin Unicode ya zama na asali.

Na biyu shi ne jerantawa. A ƙamusun Hausa ƙ tana bin k, amma lambar da Unicode ya ba ta tana can bayan ta z. Idan manhaja ta jera sunaye bisa lambobin kawai, Ƙanƙara za ta zo bayan Zango. Akwai ƙa'idojin jeranta Hausa a taskar ICU, sai dai mai gini ya san da su kafin ya kira su.

Na uku shi ne alamar hamza da ke cikin Sa'adatu da Mu'azu da 'Yar'adua. A yaren SQL, wannan alama ce take buɗe zance ta kuma rufe shi. Idan aka liƙa irin wannan suna kai tsaye a cikin umarni, umarnin zai karye, kuma ta wannan kafa ce masu kutse suke cusa nasu umarni su saci bayanai. Maganin sananne ne, wato a shirya umarnin daban, a miƙa sunan daban. A littattafan Ingilishi wannan yakan zo a ɗan gefe da misalin suna irin O'Brien. A ƙasar Hausa kuwa rajistar aji guda ta isa ta fito da matsalar, don haka babi sukutum ya cancanta.

7.0 Kammalawa

Daga bayanan da suka gabata, za a ga cewa fassara ɗaya daga cikin manyan littattafan nan shafi bayan shafi ba za ta biya buƙatar ɗalibin Pauwa ba, domin za ta kwaso misalansu da dogaronsu da intanet, kuma kafin a gama ta wani sashe ya tsufa. Abin da ya fi dacewa shi ne sabon littafi wanda bayaninsa Hausa ne, keɓaɓɓun kalmomin yaren kwamfuta kuma a bar su yadda suke, domin ɗalibi ya iya wucewa zuwa littattafan rukuni na biyu da na uku ba tare da tuntuɓe ba. Misalansa su fito daga gona da kasuwa da ƙungiya, kuma kowane darasi ya yi aiki a kwamfutar da ba ta haɗe da intanet.

Matakin farko yana hannun masana Hausa, wato tattara kalmomin tushe, a gwada su a kan ɗalibai, a ga wacce ta haskaka ma'ana da wacce ta karkatar da ita. Kalmomin aji da ɗan aji da gado da killacewa da aka kawo a nan shawara ce da ke jiran irin wannan gwaji.